Auta Ta Janye Ƙara

Ɗakin da aka ajiye Inna tun asali sito ne. Yana can ƙuryar gidan Yaya, bayan kicin, jikin ɗakin janareta, kuma har yanzu rabinsa ragowar tayil ne da bokitan fenti da suka bushe. A ɗaya rabin aka shimfiɗa katifa, aka lulluɓe ta da leda, aka ɗora uwar da ta haifi mai gidan. Taga ɗaya ce, 'yar mitsitsiya, can sama, tana kallon lungun bayan gida. In aka tayar da janareta, ta nan hayaƙi yake fita bayan ya gama zaga ɗakin.

Tun da shanyewar ɓarin jiki ta kayar da ita, Inna ba ta iya juyawa da kanta. Hannun dama ya mutu, ƙafar dama ta bi shi, magana ta tafi duka sai kalma ɗaya tak da ta maƙale mata a harshe: sannu. Da ita take gai da mai kawo mata abinci, da ita take neman ruwa, da ita take kuka. Ko kyanwa ce ta leƙo, sannu za ta ce mata.

Kullum da hantsi Auta, 'yarta ta ƙarshe, takan ja ƙofar shagon kitsonta, ta ɗauko bokiti da soso da sabulu ta taho. Ba don Yaya yana so ake buɗe mata gida ba. Ƙara ta kai kotu, tana roƙon a ba ta uwarta ta yi jinya a wurinta, alƙali kuma ya ce kafin a yanke hukunci a riƙa barinta ta shiga kullum, ta yi wa tsohuwa wanka, ta juya ta, ta wanke mata gyambon da kwanciya ta fara ci mata a ƙugu. Wannan umarni na wucin gadi shi ne mabuɗinta. Baba mai gadi yana hango ta zai ja ƙofa, kansa a ƙasa.

"Kotu ta iso," in ji Anti, matar Yaya, tana tsaye a ƙofar kicin da waya a hannu. "Yau da sammaci aka zo ko da sabulu?"

"Da sabulu, Anti. Ina kwana."

"Lafiya lau. Ki dai yi a hankali da ruwan nan, ba alƙali ne yake cika mana tanki ba."

Auta ta wuce ta. Ta tura ƙofar sito, zarni ya tare ta kamar bango, ta haɗiye, ta yi murmushi don Inna tana kallo. Allah sarki uwa! Idanun nan biyu kaɗai suka rage mata, amma in suka sauka a kan Auta sai su cika da haske, hannun hagu ya lalubo gefen mayafinta ya riƙe gam.

"Sannu," in ji Inna.

"Yawwa 'yar tsohuwata. Kin yi kewata? To saki mayafin, ba guduwa zan yi ba."

Ta cire zanen da ya jiƙe tun jiya, ta goge leda, ta wanke ta tun daga wuya har tafin ƙafa, ta juya ta ɓangaren hagu, ta sa filo tsakanin gwiwoyinta yadda ma'aikaciyar asibiti ta koya mata. Gyambon ya fara kamewa, bakinsa ya yi ja mai kyau. Wannan ɗan jan shi ne duk farin cikin Auta a duniya.

A hanyar fita ta ci karo da Yaya yana shirin tafiya shagonsa na kayan gini, yana ta ƙamshi, hula a karkace. Ta durƙusa ta gaishe shi, don ko a kotu ba ta daina durƙusa masa ba.

"Yaya, don Allah ko ɗakin gaba a mayar da ita. Hayaƙin nan..."

"Likita ya ce tana son shiru," ya katse ta. "Kuma baƙi nake yi, kin fi kowa sanin yadda ɗakin majinyaci yake. Ke dai abin da kike so a ce uwata tana kwance a gidan suruki, gidan haya, ina raye, da gidana da rufin asirina. In fita in ce wa mutane me? Na kasa?"

"Ba wanda zai ce ka kasa, Yaya."

"Ai kin riga kin faɗa. A gaban alƙali kika faɗa."

Shari'a kuwa ta ƙi gaba ta ƙi baya. Yau lauyan Yaya ba shi da lafiya, gobe alƙali ya tafi taro, jibi an nemi fayil an rasa. An ɗage, an sake ɗagewa, har Auta ta haddace tsagar da ke jikin bencin da take zama. Dangi suka daina amsa gaisuwarta. Matan da take yi wa kitso tun suna 'yan mata suka koma wani shago, wai ba za su ba da kansu ga hannun da ya kai ɗan'uwa kotu ba.

Ana cikin haka Kawu, ƙanen Inna, ya zo shagon da kansa. Ya zauna a kujerar da mata ke zama, ya ajiye sanda, ya daɗe yana kallon hotunan kitso da ke manne a bango.

"Auta, ni na yi miki huɗuba a kunne ranar da aka haife ki. Zan cuce ki?"

"A'a, Kawu."

"To na zauna da yayanki. Ba Innar taku ce ba zai bayar ba, umarnin ne ba zai bi ba. Namiji ne. Ya ce ba zai miƙa uwarsa don alƙali ya buga guduma ba. Amma in kika janye, aka zauna a cibiyar sulhu kamar 'yan'uwa, shi da hannunsa zai ɗauko ta ya sa a mota. A ce shi ya ga dama. Me kika rasa? Ba uwarki kike so ba?"

Da yamma Yaya ya kira ta a waya, abin da ya daɗe bai yi ba. Muryarsa ta yi laushi, irin muryar da yake rarrashinta da ita suna yara in ta faɗi ta fasa gwiwa.

"Autar Inna, mu daina ba maƙiya dariya. Ki janye, mu zauna. Ni da ke ciki ɗaya muka fito."

Ta yi kuka bayan ya kashe wayar, kuka mai daɗi, wanda ta daɗe tana riƙewa. Zuciyar Auta irin wadda kalma ɗaya mai taushi take narkarwa ce, kuma duk gidan sun san haka.

Lauyanta matashi ne daga ofishin masu taimaka wa marasa ƙarfi, fayiloli sun yi masa katanga a tebur, waya biyu suna ta ƙara a gabansa. Ya saurare ta da kunne ɗaya.

"Ba laifi ba ne, Malama. Cibiyar sulhu dama ba ta karɓar maganar da ke gaban kotu, sai an janye. Kuma ba kotu ce kaɗai hanya ba. Akwai sulhun, akwai ofishin jin daɗin jama'a. In ba su yi ba, mu dawo. Tunda kin ce kun daidaita da shi..." Waya ta yi ƙara, ya ɗaga mata hannu alamar ta jira, bai kuma dawo kan maganar ba.

Ana gobe za a shiga kotu, Auta ta daɗe a sito fiye da kullum. Bayan wanka ta zauna ta ɗora kan Inna a cinyarta, ta tsefe mata furfurar nan mai laushi kamar auduga, ta shafe ta da mai, ta yarfa mata kitso ƙanana, layi-layi zuwa ƙeya, irin wanda take yi wa amare.

"Kitson tafiya ne wannan, Inna. Gidana za ki. Na share miki ɗaki, na mayar da yara falo, katifarki tana jikin taga, iska har sai kin ce ya isa. Ba za ki shiga unguwarmu da kai a tsefe ba, a ce 'yar mai kitso ba ta iya aikinta ba."

Gefen bakin Inna na hagu ya ɗan ɗaga. Dariya ce, iyakar wadda ta rage mata.

A kotu abin bai ɗauki lokaci ba. Shari'ar da ta ƙi motsi wata da watanni, ranar janye ta kowa ya zo da wuri, har fayil ya bayyana a saman tebur. Lauya ya miƙe.

"Ya mai shari'a, mai ƙara tana roƙon izinin janye ƙararta domin ta bi wasu hanyoyi da doka ta tanada."

"Ba mu da suka," in ji lauyan Yaya, tun kafin a tambaye shi.

Alƙali ya sauke tabarau ya dubi Auta. "Malama, wani ya tilasta miki?"

"A'a, ranka ya daɗe."

"Lauyanki ya yi miki bayanin abin da janyewa take nufi?"

Ta waiwaya, ta ga Lauya yana gyaɗa kai, ta ga Kawu yana gyaɗa kai, ta ga Yaya yana mata murmushi. A wurinta janyewa tana nufin Inna a jikin taga.

"Ya yi, ranka ya daɗe."

Alƙali ya yi rubutu, ya rufe fayil. A bakin kotu Kawu ya dafa kanta ya sa mata albarka, Yaya ya ce a gaida yara, ya shiga mota.

Washegari da hantsi ta zo da bokitinta kamar kullum. Baba mai gadi ya leƙo ta ƙaramar ƙofa, bai ja babbar ba.

"Ki yi haƙuri 'yata. Alhaji ya ce kada a buɗe."

"Baba, ni ce fa. Ko ka manta da takardar alƙali?"

Kafin ya amsa aka zuge ƙofa, motar Yaya ta fito. Ya sauke gilashi rabi.

"Wace takarda? Takardar a jikin ƙara take, ƙarar kuma ke kika janye ta da bakinki, a gaban kowa. Ni ban kore ki ba. Sai mun zauna sulhu tukuna. Ba zan bari ki riƙa shigo min gida kina tara hujja a kaina ba."

"Yaya, wanka kawai zan yi mata. Juya ta kawai zan yi. In ba a juya ta ba ƙugun zai..."

"Akwai mata a gidan."

Gilashi ya ɗaga. Auta ta tsaya a tsakiyar titi da bokiti a hannu, ta kira Lauya. Ta gaya masa abin da Yaya ya faɗa.

"Eh... haka ne. Umarnin wucin gadi yana faɗuwa tare da ƙarar. Na ɗauka kin sani. Na ɗauka tunda kun daidaita ba za a buƙace shi ba."

"Ba ka faɗa min ba!"

"Kada ki damu, Malama. Yanzu sai mu bi sauran hanyoyin."

Ta bi su kuwa, da ƙafarta, ɗaya bayan ɗaya.

Cibiyar sulhu ofis ne mai sanyi, da labule mai kyau da kujeru a zagaye. Mai sulhu dattijo ne mai fara'a, ya ba ta ruwa, ya yaba mata da ta zaɓi zaman lafiya. Aka sa rana. Ta zo, Yaya bai zo ba, kaya sun iso masa daga tashar jirgi. Aka sake sa rana, mura ta kama shi. Aka sake, ya aiko a ce yana wajen jana'izar abokin ciniki, kuma yana gaida kowa.

"Ba za ku aika a kawo shi ba?" in ji Auta.

"Ai nan ba kotu ba ce, 'yata," in ji mai sulhu a hankali. "Sulhu da yardar mutum ake yi. Ba mu da ɗan sanda."

Ta je wajen Kawu. Ta same shi a ƙofar gida yana yanke farce.

"Kawu, kai ka ce da hannunsa zai ɗauko ta."

"Na faɗa, kuma ban janye ba. Amma ke ma kin cika gaggawa. Mutumin da kika tsayar a gaban alƙali, rana ɗaya zai huce? A bar shi ya sha iska. Ana kan magana."

"Bayan Inna ba zai jira ya huce ba, Kawu."

"Kul! Kada ki yi min rashin kunya. 'Yar'uwata ce kafin ta zama uwarki."

A lokacin ne ta tuna da tagar. Ta zaga lungun bayan gida, inda ake zubar da shara, ta tara bulo ta hau, ta kama ƙarfen tagar ta leƙa. Sai da idonta ya saba da duhun sannan ta gan ta. Inna tana kwance a ɓangaren hagu, yadda ta bar ta, filon yana nan tsakanin gwiwoyi. Daga sama ba a ganin fuskar, sai tsakiyar kai da layukan kitso.

"Inna! Inna, ni ce, Auta. Ina nan sama."

Kan ya motsa kaɗan. Hannun hagu ya ɗago yana lalube a iska, yana neman gefen mayafi.

"Sannu," in ji Inna. "Sannu. Sannu."

Daga ranar lungun ya zama wurin zuwanta. Kullum da hantsi, lokacin da a da take shiga da bokiti, sai ta hau bulo ta ba Inna labarin yara, wanda ya fasa kofi da wadda haƙorinta ya faɗi. Masu wucewa suna kallonta kamar mahaukaciya, ba ta damu ba. Kitson take dubawa. Ita ta yi shi, ta san yadda kitso yake tsufa a kan da ake wankewa da kan da ba a taɓawa. Da farko layukan suka yi gashi-gashi. Sannan tsagar ta ɓace. Sannan suka fara haɗewa da juna, suka yi duhu, furfurar nan mai kama da auduga ta koma kalar ƙasa. Kwanon abinci yana zuwa yana tafiya, wani lokaci an taɓa, wani lokaci ƙudaje ne kawai suka ci. Amma kwanciyar ba ta sauya ba, kullum hagu. Warin da ke fitowa ta tagar kuma ya daina zama zarni, ya koma wani abu da Auta ta ƙi ba shi suna ko a zuciyarta.

Ta ruga ofishin jin daɗin jama'a. Ta yi layi, ta yi bayani, ta sake yi wa wani, har aka haɗa ta da wata jami'a mai jaka a kafaɗa. Jami'ar ta ce ƙa'idarsu sai an sanar da mai gida kafin a kai ziyara. Auta ta roƙe ta kada ta sanar, ta ce ƙa'ida ce.

Ranar ziyarar Auta tana tsaye a waje, don ba a bar ta ta shiga ba. Da jami'ar ta fito, Anti ce ta rako ta har ƙofa suna dariya.

"Malama, ki ji tsoron Allah," in ji jami'ar, da ta iso inda Auta take. "Na ga tsohuwa a ɗakin gaba, ga fanka, ga talabijin, an sa mata sabuwar riga, ɗankwali a kanta, ɗaki sai ƙamshin turare. Na ce Mama ya ake kula da ke, ta ce min sannu. Har hawaye take don daɗi."

"Kin cire ɗankwalin? Kin ɗaga rigar kin duba bayanta?"

"Ni ba likita ba ce. Abin da na gani zan rubuta. Shawarata ki nemi sulhu da ɗan'uwanki."

Kafin la'asar Auta ta hau bulo ta leƙa. An mayar da Inna sito, an cire sabuwar rigar. Ɗankwalin ne kawai aka manta a kanta.

Ko wa ya kai labarin tagar, Allah masani. Da ta dawo bayan kwana biyu ta tarar an buga katako daga ciki, ƙusoshi sun leƙo waje. Ta tare Anti a bakin ƙofa tana dawowa daga kasuwa.

"Sauro ne yake damunta," in ji Anti. "Ke da kike son lafiyarta, ai sai ki gode. Kuma ni fa ba 'yar aiki ba ce, Auta. Ina da yara, ina da ciwon baya. Ina kai mata abinci safe da yamma, wace suruka ce take yin haka yanzu? Ku da kuka iya kotu, ku je ku ƙarasa."

Auta ta ci gaba da zuwa lungun. Tana kafa bakinta a jikin katako ta kira, ta kafa kunne. Kwanakin farko tana jin sannu, can ƙasa-ƙasa. Daga baya sai nishi. Daga baya sai ƙarar janareta.

Ta koma wajen Lauya, ba ta zauna ba. "Ka mayar min da ƙarata."

"Ba a mayarwa, Malama, sabuwa ake shigarwa. Sabuwar lamba, sabon layi. Kuma lauyansa zai ce ke kika janye da kanki, alƙali ya tambaye ki kika ce ba a tilasta miki ba." Ya kasa haɗa ido da ita. "Zan shigar yau. Zan roƙi a ba mu umarnin gaggawa. Sai dai kotu za ta tafi hutu, ban san ranar da za a ba mu ba."

Ya shigar, don gaskiya ya yi ƙoƙari a wannan karon. Ranar da aka ba su tana can bayan hutu.

Wata safiya tana share shago wayarta ta yi ƙara. Anti ce.

"Ki zo. Inna ta cika."

Ƙofar da ta yi ta bugawa tana nan a wangale, duka ɓangarorin biyu, an shimfiɗa tabarmi har titi. Ba wanda ya tambaye ta takarda. Baba mai gadi ya juya fuskarsa bango. Aka nuna mata ɗakin gaba, mai fanka da talabijin, a nan aka shimfiɗe Inna. Wata tsohuwar maƙwabciya mai wankan gawa tana jiranta da ruwa, don an ce 'yar mamaciya ce ta fi cancanta ta yi mata.

Auta ta durƙusa ta zare ɗankwalin. Kitsonta ne, na tafiya, wanda ta yi ana gobe kotu. Ba hannun da ya taɓa shi tun ranar. Ya dunƙule ya zama abu ɗaya, kamar tsohuwar igiya da ta kwana a ruwa. Tsohuwar ta miƙo almakashi, Auta ta girgiza kai. Ta sa mai a tafin hannu, ta zauna ta ɗora kan a cinyarta, ta shiga tsefewa sili-sili, da haƙurin da ba ta taɓa yi wa kan mai rai ba. A waje ana ta aiko a yi sauri, mutane suna jira. Ba ta ɗago ba sai da ta warware layin ƙarshe.

Da suka zo juya ta, zanen ya ƙi rabuwa da ɓangaren hagu. Suka jiƙa shi da ruwa suka ɗaga a hankali. Tsohuwar, wadda ta wanke gawa ba adadi a rayuwarta, ta saki salati da ƙarfi, ta rufe bakinta da hannu. Daga ƙugu har kafaɗa babu fata. Auta ba ta yi kuka ba. Ta wanke wurin a hankali, tana kaffa-kaffa, kamar har yanzu zai yi wa Inna zafi.

A tsakar gida Yaya yana kuka, kuma kukan gaske yake yi, hawaye har gemu. Mutane suna riƙe hannunsa.

"Ka yi ƙoƙari, Alhaji. Ka riƙe uwarka har ƙarshe."

"A gidana ta rasu," yake cewa, "a hannuna. Wannan kaɗai na gode wa Allah."

Kawu ya tare Auta a bakin ƙofa, idonsa ja. "To, Allah ya raba gardama. Yanzu sai ku haɗa kanku, ku biyu kuka rage. Magana ta ƙare."

Ta dube shi har sai da ya kawar da kai, ta wuce.

Bayan an share makoki Lauya ya zo shagonta yin ta'aziyya. Ya zauna a bakin kujera, ya kashe wayoyinsa duka biyu, abin da ba ta taɓa gani ba. Ya yi addu'a, sannan ya fito da abin da ya kawo shi.

"Kotu ta dawo, ranarmu ta matso. Amma tunda wadda ake ƙarar a kanta ta rasu, babu sauran abin da alƙali zai yanke. Abin da aka saba, sai mu rubuta mu janye, a rufe fayil. Ba sai kin je ba ma. Hannu kawai za ki sa."

Auta tana wanke matsefai a cikin bokitin nan, wanda take zuwa da shi. Ta ɗauko ɗaya ta goge da tsumma, ta ajiye.

"Ba zan janye ba."

"Malama, korar ta zai yi. Ba abin da za a samu."

"Ya kore ta da bakinsa. Amma kafin ya kora, ai zai tambaya ina tsohuwar take, ko?"

"Zai tambaya."

"To zan tashi in gaya masa. Zan gaya masa ɗakin da take, da ɓangaren da ta kwanta, da abin da muka gani da muka ɗaga zane. Yaya yana zaune, Kawu yana zaune, kai ma kana zaune. Magatakarda ya rubuta. Wancan karon an tambaye ni ko na san abin da janyewa take nufi, na ce na sani." Ta tsoma hannu ta ɗauko wani matsefin. "Yanzu na sani."

Lauya ya daɗe yana kallon takardar da ya zo da ita. Ya ninke ta, ya mayar aljihu.